Tambayoyin da ake ajiye wa mace

Kamfaninmu ƙarami ne. Manhajar waya ce da ke haɗa masu shaguna da dillalan hatsi na kasuwar Dawanau, mu kuma mu ɗauki la'ada. Da ciniki ya fi ƙarfin aljihunmu, sai na shiga zirga-zirga tsakanin Kano da Legas ina neman masu zuba jari, irin waɗanda ke ba da kuɗi su karɓi kaso a kamfani, ba rance ba.

Ba wanda ya taɓa ce min don ni mace ce ba za a ba ni ba. Abin ya fi haka wayo. A wani zama da masu zuba jari a unguwar Yaba ta Legas, saurayin da ya riga ni tashi ko kwastoma ɗaya bai da shi, amma aka tambaye shi ƙasashe nawa zai shiga nan da shekara biyar. Ni da na zo da littafin ciniki a hannu, sai aka rufe ni da: in dillali ya gudu da kuɗi fa? In farashin masara ya faɗi fa? Wani ya gyara tabarau ya ce, "Hajiya, maigida ya yarda da wannan yawon?"

Ashe ba a kaina farau ba. A 2017 Dana Kanze da abokan aikinta sun fitar da bincike kan gasar TechCrunch Disrupt ta New York, inda masu sababbin kamfanoni ke gabatar da kansu ga masu zuba jari: kusan kashi biyu cikin uku na tambayoyin da ake yi wa maza na riba ne da bunƙasa, na mata kuwa na gudun asara. Har mata masu zuba jari haka suke yi. A Amurka, kamfanonin da mata zalla suka kafa kusan kashi 2 cikin 100 na irin wannan jarin suke samu.

Daga nan na sauya salo. Tambayar tsoro, amsa a jimla ɗaya: kuɗi na hannunmu sai kaya sun isa shago. Kafin a numfasa na zarce zancen shagunan Kaduna da Maraɗi da ke jiranmu.

Wadda ta fi wuya ita ce ƙofar shiga. Masu kuɗin nan ba kasafai suke kula imel ɗin baƙo ba, sai wanda nasu ya gabatar, kuma sanayyar a zaman dare da wajen kallon ƙwallo ake ƙulla ta. Matar aure daga Arewa ina za ta ga wannan? Shi ya sa nake ganin amfanin FirstCheck Africa, asusun zuba jari da Eloho Omame da Odunayo Eweniyi suka kafa a 2021 don kamfanonin mata. Horo kam an cika mu da shi, takardun shaida har sun cika min durowa. Dala 5,000 irin ta Gidauniyar Tony Elumelu na tayar da sana'a, amma ba ta riƙe albashin injiniyoyi.

Jarinmu na farko daga wata 'yar kasuwa ya fito, wadda wata kwastomarmu ta haɗa mu. Takardun banki ta nema, ta kira dillalanmu da kanta ta ji ta bakinsu, sannan muka zauna ciniki kan kason da za ta karɓa.