Abin da Dodannin Doom da Makamansa Suka Koya Mini Game da Tsara Aiki

Cikin duk manhajojin da aka sa mu karanta rubutunsu na asali a lokacin da nake koyon aikin tsara manhajar kwamfuta, babu wadda na ƙaru da ita kamar wasan Doom, wanda kamfanin id Software na jihar Teksas a Amurka ya saki ranar 10 ga Disamba, 1993. Wanda bai san wasan ba zai ɗauka cewa babu abin koyo a cikinsa, domin labarinsa bai fi a faɗe shi cikin numfashi ɗaya ba: an tura wani soja sansanin bincike a kan Phobos, ɗaya daga cikin watanni biyu da ke zagaya duniyar Mas, gwajin da ake yi a wurin ya ɓaci, dodanni suka kwararo, shi kuma ya ɗauki bindiga. Mai wasa yana ganin komai ta idon wannan soja, bakin bindiga na leƙowa daga ƙasan allo. Sai da na buɗe rubutun da John Carmack, babban mai rubuta manhajar wasan, da abokan aikinsa suka yi na gane cewa zurfin wasan ya fito ne daga 'yan ƙa'idoji ƙalilan waɗanda aka bari suna cuɗanya da juna, kuma aka ajiye su a inda kowa zai iya taɓawa.

Abu na farko da ya ba ni mamaki shi ne cewa dodannin ba su da wayon da mai wasa yake zato. Kusan dukkansu umarni ɗaya suke bi wajen farauta: dodo yana tsaye har ya ga mutum ko ya ji ƙarar harbi, sa'annan ya nufo shi ta ɗaya daga cikin kusurwoyi takwas, idan ya ci karo da bango ya sauya hanya. Ba ya lissafin hanya mafi kusa, ba ya ɓuya, ba ya shawara da ɗan'uwansa. Bambancin da ke tsakaninsu yana cikin wani jadawali ne, inda kowane dodo yake da layinsa, an rubuta yawan makin ransa, wato yawan ɓarnar da zai jure kafin ya mutu, da saurinsa, da faɗin jikinsa, da nauyinsa, da irin kukan da yake yi. Sojan da ya rikiɗe mafi rauni, mai riƙe da bindiga, makinsa 20 ne, Imp mai jifa da dunƙulen wuta 60, Demon mai ruwan hoda wanda ba shi da makami sai haƙori 150, Cacodemon mai ido ɗaya da ke shawagi a iska 400, Baron of Hell 1000, Cyberdemon kuwa 4000.

Mai karanta waɗannan alƙaluma zai yi tsammanin cewa haɗarin dodo yana tafiya ne da yawan makinsa, amma ba haka abin yake ba, kuma a nan ne na ɗauki darasin da ya fi zauna mini. Harin da dodanni suke yi daga nesa galibi iri biyu ne. Akwai wanda ake ganin tahowarsa, kamar wutar Imp ko koriyar wutar Baron, wanda mutum zai iya gocewa idan ƙafarsa ba ta tsaya ba. Akwai kuma harsashi, wanda yake sauka a daidai lokacin da aka harba shi, babu damar kaucewa sai dai a raɓe bayan bango ko a riga maharbin. Saboda haka sojan nan mai bindiga mai jigida da aka ƙara a Doom II a 1994, wanda makinsa 70 ne kacal, ya fi Baron mai maki 1000 buƙatar a yi maganinsa da wuri idan aka haɗu da su a fili ɗaya. Kowane dodo wata tambaya yake yi wa mai wasa. Demon yana cinye masa wurin tsayawa. Revenant yana harba makami mai bin mutum, sai ya tilasta masa neman ginshiƙin da zai kewaya. Pain Elemental yana aman ƙoƙunan kai masu ci da wuta, duk jinkirin da aka yi masa ƙarin abokan gaba ne. Arch-vile, wanda a ganina shi ne dodon da aka fi zuba basira wajen tsara shi, yana tayar da gawarwakin da aka riga aka kashe, kuma harinsa ba ya samun mutum sai idan yana hango shi a lokacin da wutar za ta fashe, don haka da zarar an ji kukansa sai hankali ya rabu tsakanin neman mafaka da hana shi isa ga gawa. Idan mai tsara fage, wato matakin wasan da ake ratsawa, ya haɗa biyu ko uku daga cikin waɗannan a ɗaki ɗaya, sai mai wasa ya samu kansa a gaba kura baya sayaki, alhali ba a rubuta ko layi ɗaya na sabon umarni ba. Abin ya yi kama da wasan dara, wanda yaro zai haddace ƙa'idojinsa a yini guda amma tsoho ya shekara yana gano sababbin dabaru a cikinsa.

Makaman su ne amsoshin waɗannan tambayoyi, kuma abin lura shi ne sabon makami ba ya kashe amfanin tsoho, in ban da ƙaramar bindigar farko wadda ake mantawa da ita da wuri. Bindigar farauta tana watsa ƙwayoyin darma 7 a harbi ɗaya, mai baki biyu ta Doom II kuma tana watsa 20 da harsashi biyu, amma tana ɗaukar lokaci kafin a sake ɗura ta kuma ba ta da amfani daga nesa. Bindigar roka tana da ƙarfi, sai dai fashewarta ba ta san mai ita ba, wanda ya harba ta a lungu ya kashe kansa, kuma manyan dodanni biyu, Cyberdemon da Spider Mastermind, ba sa jin zafin fashewar sai na rokar da ta same su kai tsaye. Akwai wani layi a jadawalin da ban fahimci muhimmancinsa ba sai da na gwada canza shi, wato yiwuwar dodo ya razana idan an same shi, wadda ake aunawa cikin kashi 256. Ta Imp 200 ce, ta Cacodemon 128, ta Baron 50, ta Arch-vile kuwa 10 kawai. Dodon da ya razana yana katse harinsa na ɗan lokaci, shi ya sa bindiga mai jigida, duk da raunin harsashinta, take iya riƙe Cacodemon ya kasa mayar da martani, kuma shi ya sa zarton inji yake cin Demon cikin sauƙi amma wanda ya tunkari Baron da shi ya jawo wa kansa. Lamba guda ɗaya ce ta raba wa makamai aiki.

BFG9000, babbar bindigar da masoya wasan suka fi ambata, ta koya mini cewa abin da ido yake gani ba lallai shi ne abin da manhaja take yi ba. Tana cin makamashi 40 ta harba ƙaton koren dunƙule, kuma mutane da yawa sun ɗauka fashewar dunƙulen ce take share ɗaki. A gaskiya bayan dunƙulen ya bugi wani abu, wasu haskoki 40 da ba a gani suna fita daga jikin mai wasa, daga inda yake tsaye a wannan lokaci, su bazu ta fuskar da ya yi harbin. Gwanaye sun gano haka, suka riƙa harba ta a bango sa'annan su leƙo fili a daidai lokacin da haskokin za su fita.

Faɗan dodanni da junansu ma daga 'yan layuka kaɗan ya samo asali. Ƙa'idar ita ce duk wanda ya ji wa dodo ciwo shi ne sabon abokin gabarsa, kuma ba a ware cewa sai mai wasa ba. Idan wutar Imp ta kuskure ta sami Baron, sai Baron ya juya kansa. An dai hana jifar dodanni 'yan jinsi ɗaya cutar da juna, amma sojoji masu harsashi suna kashe 'yan'uwansu, kuma babu dodon da yake rama wa Arch-vile. Masu tsara fage sun mayar da wannan abin wasa na musamman, har a fage na 20 na Doom II aka ajiye Cyberdemon da Spider Mastermind kusa da juna domin mai hankali ya haɗa su faɗa ya adana harsashinsa. Tun daga nan, duk sa'ad da na ga buƙatar ƙara wani sabon abu a manhajar da nake rubutawa, nakan fara duba ko sassauta wata ƙa'ida da ke nan zai haifar da shi ba tare da ƙarin gini ba.

Ba zan ɓoye cewa zane-zanen wasan, da jininsa da alamomin shaiɗanu da ke bangayensa, ba kowa ne zai iya kallonsu da daɗin rai ba, kuma ba na ganin laifin wanda ya ƙi su. A Jamus an sa shi cikin jerin abubuwan da aka taƙaita sayarwa saboda kare yara tun 1994, ba a cire shi ba sai 2011. Abin da na je nema shi ne gininsa.

A wannan gini akwai wata dabara da ta haifar da al'ada guda cikakkiya. Duk abin da ya yi kama da sa'a a wasan, kamar yawan ɓarnar harsashi ko razanar dodo, ana ɗauko shi ne daga jerin lambobi 256 da aka riga aka rubuta, ana bin su ɗaya bayan ɗaya. Wasan kuma yana lissafa halin da duniyarsa take ciki sau 35 a kowane sakan. Saboda haka idan aka adana maɓallan da mai wasa ya danna kawai, za a iya maimaita wasansa gaba ɗaya babu bambanci ko kaɗan, cikin fayil ƙarami wanda intanet mai rauni ta wancan zamani take iya ɗauka. Da wannan ne masu tseren kammala fage suka riƙa musayar hujjar bajintarsu, aka kafa ma'ajiyar Compet-n a 1994. Fagen farko na wasan an gama shi cikin sakan 9 a 1998, kuma wannan tarihi ya tsaya fiye da shekara ashirin kafin wani ya sauko da shi zuwa 8 a 2019. A wurin mai rubuta manhaja, amfanin wannan ya wuce tsere, domin matsalar da za a iya maimaita ta daidai yadda ta faru ita ce ake iya gyarawa.

Babban abin da ya raya wasan har yau shi ne raba inji da kaya. Carmack ya ga yadda mutane suka riƙa farke wasansu na baya, Wolfenstein 3D na 1992, domin su canza hotunansa, sai ya tattara taswirori da hotuna da sautukan Doom a fayil dabam mai suna WAD, ya kuma ba da damar a ɗora wani fayil a kansa ba tare da an lalata na asali ba. Sharaɗin kamfanin shi ne kada irin waɗannan ƙare-ƙare su yi aiki da kashin farko da ake rabawa kyauta, sai da wanda aka saya. Cikin 1994 masoya suka fitar da DEU na zana taswira da DeHackEd na canza halayen dodanni da makamai. Final Doom, wanda kamfanin ya sayar a 1996, aikin masoya ne: ƙungiyar TeamTNT ta yi rabi, 'yan'uwa biyu Dario da Milo Casali suka yi ɗaya rabin. Dario ya wuce kamfanin Valve, Tim Willits kuma ta hanyar taswirorinsa ya samu aiki a id Software ɗin kansa.

A Disamba 1997 aka saki rubutun injin ga kowa, a 1999 aka mayar da shi ƙarƙashin lasisin GPL, wanda ke ba kowa damar gyara rubutun da sake raba shi. Akwai wani gurbi a wannan kyauta da ya kamata ɗalibi ya lura da shi: ba a iya sakin ɓangaren sauti na asali ba, domin an yi amfani da kayan wani ne da kamfanin bai mallaka ba, sai masoya suka cike gurbin da kansu. Tun da na karanta wannan nake bincika sharaɗin duk wani kayan aro kafin in jingina aikina a kansa. Daga rubutun da aka saki aka samu sababbin injinan wasan da masoya suka ƙera, irin su Boom, da ZDoom, da GZDoom, da Chocolate Doom wanda burinsa shi ne ya riƙe wasan yadda yake har da kurakuransa, domin tsofaffin fayilolin tsere su ci gaba da aiki. Tun 2004 ake ba da kyautar Cacowards kowace shekara ga fitattun ayyukan masoya.

Ba duk abin da masoya suka ƙera ne ya burge ni ba. Akwai gyare-gyaren da suka ƙara jini da ƙarar bindiga har suka rushe daidaiton da ke tsakanin dodo da makami, akwai kuma taswirorin da ake zuba dubban dodanni, waɗanda masu kyau a cikinsu lissafi ne mai zurfi na motsi da haɗa faɗa, marasa kyau kuma tarin yawa ne kawai. Amma mafi kyawun ayyukan sun nuna cewa jadawalin 1994 bai ƙare ba tukuna. John Romero, wanda ya zana yawancin fagagen kashin farko, ya dawo a 2019 da sabon kashi mai fage tara mai suna Sigil, bai ƙara dodo ko makami ko ɗaya ba. A 2024 kuma, da aka sake fitar da Doom da Doom II a haɗe don na'urorin zamani, an sa Sigil a ciki, kuma an gyara injin kamfanin yadda zai iya karanta taswirorin da aka zana bisa tsarin Boom, wanda TeamTNT ta rubuta a 1998.