Kalandar masu aikin kwana

A daminar da na fara aikin dare a wata likita nan Tahoua, ni da wata ungozoma da ta girme ni, wadda nake ce wa Yaya, muka ƙirƙiro wata kalanda don mu kashe dare. Daga watan 8 zuwa watan 10 zazzaɓin cizon sauro ke cika ɗakin yara, har uwaye su shimfiɗa tabarmi a baranda. Wanda ke aikin kwana a irin wannan lokaci ranaku kan rikice masa. Wata safiya na tambayi Yaya ko yau Talata ce, ta ce, "Ƙanena, Alhamis ke nan. Tunda kwanakin mutane sun ƙi ka, sai ka yi naka."

Ai kuwa muka samo tsohon kaye muka kafa doka. Duk barcin da mutum ya yi, ko na minti goma ne a kan kujera, kwana guda ne. Wata ba ya tsayawa sai ka yi mafarkin da ka tuna bayan ka farka, kuma mafarkin ne zai raɗa masa suna. Haka na sami Watan Jarrabawa, da na ga an maida ni ajin ƙarshe na kwaleji ba biro a hannuna. Yaya ta sami Watan Abijan, don ta ga ɗanta da ya tafi cin rani ya dawo da akwati. Ita watanninta gajeru ne, ni kuwa wani watan nawa ya kai kwana 52 ba mafarki ko ɗaya.

Sai da muka yi nisa na lura ba sabon abu muka kawo ba. Bahaushe da kwanciya yake ƙirga ranaku tun asali: kwana uku, kwana bakwai, "ina kwana", "an kwana biyu". Bambancin kawai, kwanan Bahaushe na gari duka ne, rana ta faɗi ga kowa, ta fito ga kowa. Namu kowa da nasa. Bayan sati huɗu ni ina kwana na 61, Yaya tana na 44, ga shi ɗaki guda muke aiki.

Wani Bafaranshe, Michel Siffre, ya gwada wannan lissafi da gaske. Ran 16 ga Yuli 1962 ya sauka cikin kogon Scarasson a tsaunukan Alpes, ba agogo ba hasken rana, yana ƙirga kwanakinsa da barcinsa. Da aka sanar da shi wa'adin ya cika ran 14 ga Satumba, shi a lissafinsa 20 ga Agusta ce. Sama da sati uku sun salwanta bai ji wucewarsu ba. Da na ba Yaya labarin, ko mamaki ba ta yi ba. Ta ce ai mun karanta a Suratul Kahfi: samarin sun yi shekara 309 cikin kogo, da suka farka suka ce yini guda suka yi ko wani sashe na yini. Ta ce ita ba sai Bature ya shiga rami ba.

Ni dai sai da abin ya zo kaina. An kawo wani yaro zazzaɓi ya yi masa tsanani, aka fara masa allurar artesunate wajen ƙarfe 2 na rana. Ƙa'idarta a yi ta farko, a sake bayan awa 12, a sake a awa ta 24. Ta biyu ke nan ƙarfe 2 na dare, kuma a hannuna take. Wajen ƙarfe 1 na kifa kai a kan tebur, na ce bari in ɗan runtsa. Da na ɗago, da za a ba ni Alƙur'ani da na rantse minti biyar na yi. Ina miƙa sai na ji ladan yana kiran assalatu. Jikina ya yi sanyi ƙalau. Na ruga gadon yaron, na tarar da takardarsa an rubuta 2:05 da sa hannun Yaya. Ta baro ɗakin haihuwa ta zo aron almakashi, ta gan ni, ta duba takarda, ta duba agogon bango, ta yi allurar ta koma.

Ba ta kai ni gaban majo, wato shugabanmu na wurin aiki, ba. Da gari ya waye ta ɗauko kayen nan ta ce, "To, wannan barcin kwana nawa za mu rubuta maka?"

Tun daga ranar, kowace allura da ke jirana sai na saita mata ƙararrawa a salula, in kuma rubuta lokacinta da alli a allon ƙofa inda kowa zai gani. In zan kifa kai sai na gaya wa wani ƙarfe nawa zai tashe ni. Kayen yana nan cikin durowar ɗakin masu aikin kwana, sababbin ɗalibai ma sun buɗe shafinsu. Wani cikinsu yana Watan Kilishi tun Sallar Layya.