Bébel a kan rufin jirgin ƙasa

Kawuna, Allah ya jiƙansa, mai gyaran rediyo ne a Maraɗi, kuma yana da wani kaset na bidiyo da muka kalla har hoton ya fara rawa. Fim ɗin jarumin nan ɗan Faransa Jean-Paul Belmondo ne na 1975, Peur sur la ville. Faransancin kawu bai taka kara ya karya ba, amma akwai wurin da in an zo sai ya ɗaga hannu ya ce, "Kai yara, ku yi shiru, ga shi nan!" Wurin da Belmondo ke takawa a kan rufin jirgin ƙasa na birnin Paris, jirgin na gudu a kan gadar Bir-Hakeim.

Daren jiya na sake kallon wurin a YouTube, gabana ya faɗi kamar da.

Sai da na girma na gane dalili. Kyamara ba ta ɓoye fuskarsa. A yawancin finafinai, da an zo wurin haɗari sai a nuna maka ƙeya, don wani ɗan kasada ne aka sanya wa rigar jarumin. Bébel kuwa, haka Faransawa ke kiransa, da kansa yake hawa, kana ganin hancin nan nasa na tsohon ɗan dambe da iska na dukan gashinsa. A wani fim na 1971 an juye shi daga bayan tipa a ƙasar Girka, ya gangara tare da duwatsu har ƙasan tudu. A fim ɗin 1980 ya yi lilo a ƙarƙashin jirgi mai saukar ungulu a saman birnin Venice, sanye da gajeren wando mai ɗigo-ɗigo, alhali ya ba arba'in da biyar baya. Abin dariya, amma da hannu ya suɓuce, da sai dai labari.

Ba shi kaɗai ba ne, gaskiya. Tseren motoci Rémy Julienne ke shiryawa, gwanin da ya yi aiki a finafinan James Bond har shida. Su biyun a shekara ɗaya suka rasu, 2021.

Wasu masana fim sun ga kamar ya zubar da girmansa, mutumin da ya yi suna a 1960 a hannun darakta Jean-Luc Godard ya koma tsalle-tsalle a kan rufin gidaje. Ni ban yarda ba. Tsallen nan ma wasan kwaikwayo ne, da jiki ake yin sa.

Jikin dai ya biya. Ya ji rauni wajen ɗaukar wani fim a 1985, daga nan ya sassauta. A 2001 shanyewar ɓarin jiki ta kama shi a tsibirin Corsica, sai da ya sake koyon magana. Ya rasu ranar 6 ga Satumba, 2021, yana da shekara 88, gwamnatin Faransa ta karrama gawarsa a Les Invalides, wani ginin tarihi na soja a Paris.

Kaset ɗin kawu yana nan a akwatin inna. Na'urar da za ta kunna shi ce babu.