Mako na Shida: Yadda Na Hana Zanena Rawa

'Yan'uwa masu koyon zane mai motsi, a wannan mako na kammala daƙiƙa huɗu na gajeren wasan barkwancin da nake yi a salon majigin farko marasa murya, inda wani mutum yake bin hularsa iska tana gudu da ita. Zane 32 ne, kuma na ɗauki hoton kowanne sau biyu da wayata, dabarar da Émile Cohl ya bi a Faransa a 1908 sa'ad da ya haɗa majiginsa mai suna Fantasmagorie da zane kusan 700. A kan hoto 16 cikin daƙiƙa ɗaya, lissafin ya fita daidai.

Da na kunna shi sai na ga mutumin yana karkarwa kamar mai zazzaɓi, har ƙasar da yake tsaye a kai tana tsalle. Na yi kwana biyu ina zargin hannuna, alhali laifin takardun ne, domin ba a wuri ɗaya suke sauka ba idan na ɗora su a kan gilashin da nake haskawa da fitila daga ƙasa. Maganin ya girme mu duka. Raoul Barré, ɗan Kanada da ya yi aiki a New York, shi aka sani da huda takardun zane ana saka su a turaku don kada su goce. Ni ƙusa biyu na kafa a jikin katako, na huda takardun gaba ɗaya, rawar ta ragu ƙwarai. Ku lura cewa ramin yana faɗaɗa idan ana yawan cirewa da mayarwa, don haka ku liƙa salatif a wurin kafin ku huda.

Bishiyar da ke bayan mutumin ce ta gajiyar da ni, saboda sau 32 na kwafe ta. Wannan ya sa na ƙara jinjina wa aikin Winsor McCay na 1914, Gertie the Dinosaur, mai zane kusan 10,000, wanda mataimakinsa ya riƙa maimaita duwatsu da ruwa a kowace takarda. A shekarar ce Earl Hurd ya fito da zane a kan leda mai garai-garai, a bar zanen abubuwan baya guda ɗaya a ƙasa. Na gwada da ledar bangon takardu, amma tawadar biro ta ƙi zama, don haka mako mai zuwa zan nemo alƙalamin da ake rubutu da shi a kan faifai.