Sana'ar bin sawun Jack the Ripper a lungunan Whitechapel

Aikina zagayawa da baƙi a ƙafa cikin unguwannin gabashin Landan, kuma zagayen da ya fi kawo mana jama'a shi ne na dare, wanda muke bin wuraren da aka kashe mata biyar a Whitechapel da kewayenta a shekarar 1888, kisan da ake jingina wa wani makashi da ba a taɓa ganowa ba, wanda aka laƙaba wa suna Jack the Ripper. Kamfanin ƙarami ne, ni da samari biyu da na horar da hannuna. Da Turanci muke yi wa yawancin baƙi bayani, amma idan 'yan uwa suka zo daga gida da Hausa nake kai su, kuma a nan bakina ya fi sakewa.

Hajiyoyinmu masu zuwa sayen leshi da atamfa a kasuwar Petticoat Lane sun sha gilmawa ta titin Goulston da ledojinsu, ba su san abin da ya faru a wurin ba. A bakin ƙofar wani bene da ke titin, wanda har yau yana tsaye, aka tsinci guntun ƙyallen da Catherine Eddowes, ɗaya daga cikin matan da aka kashe, take ɗaurawa a gaban rigarta, jina-jina, a daren 30 ga Satumba. A bangon da ke sama da shi an yi rubutu da alli da ya ambaci Yahudawa. Shugaban 'yan sandan Landan, Sir Charles Warren, ya sa aka goge rubutun kafin gari ya waye, ba a ko ɗauki hotonsa ba, don gudun kada a far wa Yahudawan unguwar. Duk ayarin da na tsayar a wannan ƙofa sai ya rabu biyu, wasu su ce ya yi daidai, wasu su ce ya wanke hujja da hannunsa. Nakan bar su su yi ta musu, sannan mu ci gaba.

Wajen wani tsohon Bature haifaffen unguwar na koyi sana'ar. Da farko bai bar ni na buɗe baki a gaban baƙo ba. Tsohuwar taswira ya miƙo min ya ce in je in nemo titunan da kaina, domin sunayen sun sauya: Buck's Row ta zama Durward Street, Berner Street ta zama Henriques Street, titin Dorset kuwa, inda aka kashe Mary Jane Kelly a ɗakinta ranar 9 ga Nuwamba, an shafe shi gaba ɗaya. Ya sa na taka daga inda aka ga gawar Elizabeth Stride zuwa dandalin Mitre, inda aka kashe Eddowes a wannan daren, ina duba agogo, don in ji a ƙafata cewa tafiyar ba ta kai minti ashirin ba, in gane yadda za a iya kashe mata biyu a dare ɗaya cikin ƙasa da sa'a guda. Shi ya koya min in juya wa bango baya idan zan yi magana don kada ƙarar motoci ta cinye muryata, in kuma san inda zan yi shiru. Amma babban abin da na gada a wurinsa shi ne raba zance gida uku: abin da shaidu suka faɗa a gaban mai binciken gawa, abin da jaridu suka buga, da abin da mutane suka ƙara daga baya. Idan na cakuɗa su, sai ya tsayar da ni a tsakiyar titi ya ce in sake daga farko.

Wannan horon ne ya sa masu kwaikwayon aikinmu suke ƙona min rai. Mutum zai shigo cikin ayarina kamar baƙo, ya naɗi muryata a waya, mako na zagayowa sai in gan shi a kusurwar da nake tsayawa, ya ɗora doguwar malafa da baƙar alkyabba, yana riƙe da jakar likita, yana maimaita kalmomina yana kuma musanya sunayen matan. Wannan shigar da ake jingina wa makashin daga fina-finai ta fito. Joseph Lawende, wanda ya ga wata mata da wani namiji a bakin lungun da ke shiga dandalin Mitre mintuna kaɗan kafin a ga gawar Eddowes, cewa ya yi mutumin yana sanye da hula mai baki da jan ƙyalle a wuya, kamar ma'aikacin jirgin ruwa. Wasu daga cikin masu kwaikwayon har haska hotunan gawarwakin suke yi a bangon mutane ana ihu ana dariya. Ni ba na nuna waɗannan hotuna, kuma yaron da ya nuna su ya bar aiki a wurina.

Tambayar da ba ta taɓa fashi ita ce, "Malam, wai shi ɗin wane ne?" Ita ce kuma take riƙe da labarin fiye da shekara 130. Ba a gano makashin ba, ba a gurfanar da kowa kan kisan matan nan biyar ba. A lokacin 'yan sandan Landan ba su fara amfani da zanen yatsa ba, sai a 1901, kuma ba a iya bambance jinin mutum da na dabba, a unguwar da ke cike da mahauta. Sunan Jack the Ripper ma daga wata wasiƙa ya fito da aka aika wa kamfanin dillancin labarai na Central News a ƙarshen Satumba, wadda manyan 'yan sanda daga baya suka yi zargin ɗan jarida ne ya rubuta ta. Jaridun sisin kwabo suka ɗauka suka yayata har ƙasashen waje. A 1894 wani babban jami'in 'yan sanda, Melville Macnaghten, ya rubuta sunayen mutum uku da yake zargi, Druitt da Kosminski da Ostrog. Wasu suka laƙaba wa Yarima Albert Victor, jikan Sarauniya Victoria, alhali bayanan fada sun nuna ba ya Landan a ranakun. A 2014 aka zo da batun wani mayafi da aka ce na Eddowes ne da gwajin ƙwayoyin halitta, masana kuma suka yi ta sukar asalin mayafin da yadda aka yi gwajin. Duk waɗannan ina shimfiɗa wa baƙi su dalla-dalla, da ƙarfin kowace hujja da rauninta, amma ba na ɗora wa mamaci laifin da ba a tabbatar ba don in burge mai biyana.

Inda na fi daɗewa shi ne Durward Street, kusa da tsohon ginin makarantar da ya ga abin da idonsa. Mary Ann Nichols tana da shekara 43, uwar 'ya'ya biyar, aurenta ya mutu, giya ta kama ta. A daren 31 ga Agusta aka sallame ta daga gidan kwanan haya a titin Thrawl saboda ba ta da kwabo huɗu na gado. Ta fita tana nuna sabuwar hularta, tana cewa yanzu za ta samo kuɗin ta dawo. Wajen ƙarfe huɗu saura na asuba wani mai tuƙa keken doki da ke kan hanyar zuwa aiki ya gan ta kwance a gefen titi. Kwabo huɗu. Na ga manyan alhazai sun yi tsit a wannan wuri. Haka nake yi wa Annie Chapman a titin Hanbury, da Stride wadda ta taso tun daga Suwidin, sai baƙo ya san sunan kowacce da inda ta fito kafin in ambaci yadda ta mutu.

Duk da haka sai wani ya ja ni gefe ya ce, "Haba ɗan uwa, ai tafiya ce kawai da surutu, a yi min ragi mana, ga wancan ma kyauta yake yi." Na kyautar nan shi ne mai malafar, kuma a ƙarshen zagayensa zai miƙo malafar a saka masa kuɗi. Ni farashina ɗaya ne ga Bature da Bahaushe.

A bakin tashar jirgin ƙasa ta Aldgate East muke haɗuwa. Idan ayarin namu ne, nakan tsara lokacin yadda za a yi magariba a babban masallacin da ke titin Whitechapel sannan mu tashi. Zagayen yana cin kamar sa'a biyu, don haka a zo da takalmi mara tsini da rigar sanyi, ƙananan yara kuma a bar su a masauki.