Fim Daga Hotunan Da Wasu Suka Ɗauka

Gajeren fim ɗin da na haɗa, ko hoto ɗaya a cikinsa ba ni na ɗauka ba. Na tattaro guntayen fina-finan labarai da Turawa suka ɗauka a Arewa kafin 1960, na gauraya su da kaset ɗin bikin danginmu na shekarun 1990.

Tun da British Pathé, kamfanin fina-finan labarai na Birtaniya, suka zuba taskarsu a YouTube a 2014 nake kallon hawan dabar da aka yi wa Sarauniya Elizabeth a Kaduna a 1956. Hotunan dalar gyaɗar Kano kuma a wata taskar na samo su. Mai kyamara manya yake bi: gwamna, sarakuna, dawakai masu lifidi. Ni kuwa gefen hoto ne ya ja ni. Na rage gudun fim ɗin sosai, na matso da kusurwa guda, sai ga wani ɗan dako da buhu a ka yana hawan dala, ya juyo ya kalli kyamara. A fim na asali ƙiftawar ido ce. A nawa shi ne jigo. Matsowar tana sa hoto ya dushe, ya yi tsaki-tsaki, kuma haka na bar shi, domin dushewar ma tana nuna yadda aka ɗauki mutumin.

Abin da ya fi ba ni mamaki shi ne ƙarfin murya. Muddin Baturen da ke magana a fim na asali yana sharhi, labarin arzikin mulkin mallaka kake gani. Da na cire shi, na sa muryar wani dattijo da ya yi dako a Ƙofar Mazugal yana faɗin yadda wuya ke sanƙarewa da yamma, sai hotunan suka zama na masu aikin.

Kaset kuwa sai haƙuri. Wasu sun yi funfuna, sai an goge kan na'ura kafin a juye su a kwamfuta. Kallon tsoffin hotunan Turawa kyauta ne, amma nuna su ga jama'a sai an biya lasisi, don haka na taƙaita abin da na ɗiba.

Na biki ba kuɗi suke nema ba, izini ne. Na bi matan da suka fito ɗaya bayan ɗaya. Gwaggona ta ce, "Ɗana, rawar nan ta cikin gida ce." Wurin ya fi ko'ina kyau a fim ɗin, amma na yanke shi, na bar kiɗan ƙwarya kaɗai a kan baƙin allo.