Lynn Nottage, marubuciyar da ke fara aiki da saurare

Lynn Nottage ita ce mace ta farko da ta lashe kyautar Pulitzer ta Amurka ta rubutun wasan kwaikwayo har sau biyu, a 2009 da kuma 2017. Duk da haka, a nan Yamai ba kasafai ake jin sunanta ba, ko a bakin 'yan teyatur da ke taruwa a gidan raya al'adu na Oumarou Ganda, domin yawancin abin da ke iso mana daga waje ta hanyar Faransanci yake biyowa. A ganina ta cancanci mu san ta, saboda yadda take neman labari kafin ta ɗora alƙalami a takarda.

An haife ta a unguwar Brooklyn ta birnin New York a 1964. Ta yi karatu a Jami'ar Brown, ta kammala digiri na biyu a makarantar wasan kwaikwayo ta Yale a 1989, sannan ta yi shekara huɗu tana aiki a sashen watsa labarai na ƙungiyar Amnesty International, inda rahotannin zalunci suka zame mata abincin yau da gobe.

A 2004 ita da daraktar wasanninta Kate Whoriskey suka tafi Uganda, suka zauna da matan da suka tsero daga yaƙin gabashin Kwango, suka ji daga bakinsu. Da farko niyyarta ita ce ta sake fasalin wani tsohon wasan Bajamushe Bertolt Brecht, amma abin da matan suka gaya mata ya fi ƙarfin wannan tsari, sai ta ajiye shi ta rubuta Ruined, wanda aka fara nunawa a Chicago a 2008. Wasan yana gudana ne a mashayar Mama Nadi, mace mai ido a tsakar ka, wadda ke karɓar kuɗin sojan gwamnati da na ɗan tawaye ba tare da bambanci ba, muddin kowa zai cire harsashinsa kafin ya zauna. Ana kawo mata 'yan mata biyu, Sophie da Salima. Sophie sojoji ne suka yi mata mummunan rauni a gabanta, Salima kuwa bayan ta kuɓuta daga hannun mayaƙa, mijinta da danginta suka juya mata baya.

Mai kallo daga Nijar ba ya buƙatar dogon bayani a nan. Mun san matan da yoyon fitsari ya raba da ɗakin aurensu, mun san yadda ake toshe hanci idan sun wuce, ko da yake namu doguwar naƙuda ce ke jawo shi ba makami ba. Abin da ya fi burge ni shi ne Nottage ba ta mai da waɗannan mata abin tausayi kawai ba. Sophie tana rera waƙa, tana riƙe lissafin kuɗin mashaya, har tana ɗan zarar wani abu a ɓoye don ta tara kuɗin tiyata. Mama Nadi kuwa tana ba su mafaka, tana kuma cin riba da jikinsu, kuma marubuciyar ta ƙi yanke mata hukunci a madadinmu. Akwai masu ganin rawar da aka rufe wasan da ita ta yi sauƙi da yawa bayan wannan tashin hankali, ni ma ina da ɗan ja a kanta.

Wasan da ya kawo mata kyauta ta biyu, Sweat, a gida ta samo shi. Daga 2011 ta riƙa zuwa Reading a jihar Pennsylvania, wanda a lokacin aka bayyana shi a matsayin birnin da talauci ya fi yi wa katutu a cikin takwarorinsa na Amurka, ta yi fiye da shekara biyu tana hira da ma'aikatan da masana'antu suka sallama. Labarin aminai biyu ne, Tracey farar fata da Cynthia baƙar fata, waɗanda suka yi shekaru suna aiki kafaɗa da kafaɗa. Da aka ɗaga Cynthia zuwa ofis, aka kuma kulle ƙofar masana'anta aka bar sauran a waje, sai zumunci ya koma gaba, fushin kuma ya sauka a kan Oscar, yaron mashaya ɗan asalin Kolombiya da ya karɓi aikin a kan albashi kaɗan. Masu kamfanin ba su taɓa bayyana a dandalin ba. Duk wanda ke da ɗan'uwa a Akokan, kusa da Arlit, lokacin da aka rufe mahaƙar yuraniyom ta Cominak a watan Maris na 2021 zai gane irin zaman da ake yi a waccan mashaya.

Yanzu tana koyarwa a Jami'ar Columbia, ta kuma rubuta Mlima's Tale a kan fataucin hauren giwa daga Kenya. A 2017 ta koma Reading, inda ita da wasu masu fasaha suka shirya nuni a tsohuwar tashar jirgin ƙasa da aka daɗe da rufewa, aka gina shi da labaran mutanen garin, su ma suka shiga ciki.